Yadda Za Ka Kawo Marigayi Taron Amintattu

Ɗan'uwa, in an sa ka cikin amintattun waƙafi, ɗayanku ya rasu, hukuma kuma tana tafe bincike, kwantar da hankalinka, ko da yake ni nawa bai kwanta ba. Bi matakan nan. Na gwada su a makarantar waƙafi ta layinmu a Agege, kuma ina ba ka tabbacin suna aiki.

Mataki na 1: Kada ka kai labari ofis

Mu uku aka damƙa wa makarantar: ni, da Alhaji Bature mai albasa, da Alhaji Oumarou. Oumarou ya je ganin gida Maraɗi, Allah ya karɓi abinsa. Ƙa'idar waƙafin ta ce in amintattu suka gaza uku, a rufe ƙofa sai an naɗa wani. 'Yata Ruƙayyatu kuwa a nan za ta rubuta jarrabawar gama sakandare, yarinyar da ta yi karatu har idonta ya faɗa. Don haka yi wa mamaci addu'a, ka ja bakinka. Mutuwa gaskiya ce, amma ba kowace gaskiya ke hawa motar danfo ta je ofis ba.

Mataki na 2: Nemo takalmansa

Jera su a ƙofar banɗaki ranar taro. Duk wanda ya tambaya, ka ce, "Ya zaga." Babu mai tarbiyyar da zai ƙwanƙwasa wa dattijo banɗaki.

Mataki na 3: Riƙe ƙafa ɗaya a gidanka

Wannan shi ne mafi muhimmanci. Bature so yake ya mai da ajin ƙasa, inda ake jarrabawa, rumbun albasa. Ƙuri'arsa ɗaya, tawa ɗaya, ta marigayi ke raba gardama. Wanda takalmin ke hannunsa kuwa shi ke faɗin ra'ayin Alhaji Oumarou. Sai na ɗauke hagu, Bature ya ɗauke dama.

"Alhaji ya amince da albasa," in ji Bature.

Na ce, "Dama ce ta amince. Hagu ta ce yara su yi jarrabawa."

"Kai Malam, ka taɓa ganin an shiga alheri da hagu?"

"Banɗaki da hagu ake shiga, Alhaji, kuma can yake."

Mataki na 4: Ranar bincike, a samu mai tari

Bature ya kai ƙarata, ni ma na kai tasa, shi ya sa aka turo mana jami'a. Bayarabiya ce haihuwar Agege, Hausarta ta fi tawa, saboda haka kada ka yi gulma a gabanta.

"Ina na ukunku?" ta tambaya.

"Ya zaga, ranki ya daɗe."

"Zan jira Baba."

Ta ja benci ta zauna. Aka yi azahar tana nan. Na kawo mata fura, ina hango Ruƙayyatu tsaye gaban ƙofa mai kwaɗo da biro a hannu. Da la'asar ta gabato, Bature ya dube ni, na dube shi. Ya zagaya ta bayan gini, ya sa baki a tagar banɗaki, ya yi tari mai nauyi irin na manya. Tunda aka naɗa mu, ran nan muka fara aiki tare.

"Sannu, Baba," in ji jami'a. "Yi a hankali, kada ka tashi don ni." Ta juyo ta harare ni. "Ku kai dattijon nan asibiti."

Mataki na 5: Karɓi hukunci da ladabi

Da Bature ya dawo, ta ce ta gama bincike. An kawo ƙarar Bature, an kawo tawa. Baba Oumarou ne kaɗai ba wanda ya taɓa kuka da shi: bai ɗaga murya a taro ba, bai ɗauki ko alli ba. Ta dakatar da mu biyu, ta damƙa masa makarantar shi kaɗai. Kada a rufe ƙofa, kada a matsar da ko benci, sai an ji daga bakinsa.

Bature ya buɗe baki zai fasa ƙwai. Na raɗa masa, "To wa ya yi tarin?" Ya rufe.

Ruƙayyatu ta rubuta jarrabawarta a ajin ƙasa. Albasa tana can kasuwa. Iyayen yara sai yabon sabon shugaba suke, wai ba a taɓa samun mai haƙuri irinsa ba.

Gargaɗi

Ni ban sa kowa ba. In asirinka ya tonu, ban san ka ba, dakatacce ne ni, ga hawan jini. Mai ƙorafi ya kai wa shugaba. Sai dai in ka san wani dattijo dogo, mai harshen Maraɗi, wanda bai da surutu, don Allah ka neme ni da gaggawa. Hukuma za ta ba Alhaji Oumarou lambar yabo wata mai zuwa, kuma sun ce da kansa zai karɓa, ba a aike.