Talatin da Uku a Ɗakin Tsakin Hajja

"Ina kwana, tsohuwar matata? Yaushe za mu ci gumbarki ne?"

"Ci gaba da wasa haƙori, ragon miji. Me ka ƙunso a leda?"

Haka ɗana Sadisu da mahaifiyata Hajja suka gaisa da hantsin ranar Talata, a gidanmu na Fagge. Daga Kasuwar Sabon Gari yake. Ya sayo na'urar daidaita zafi, saboda wancan karon kaskon gawayi ya kashe wa Hajja rabin tsakinta, ga sababbi an kawo mata.

"Amarya na yi miki. Ɗakin ya yi sanyi, ta kunna ƙwan lantarki. Ya yi zafi, ta kashe. Ba ta gyangyaɗi kamar wata."

"Tun ubanka yana rarrafe nake kiwo. Abin da babba ya hango..."

"Da wane idon? Jiya tsintsiya kika yi wa kur-kur."

Da azahar ya gama haɗa wayoyi. Ya je alwala, kafin ya dawo ta rataye ma'aunin zafin na'urar a ƙusa, can sama kusa da rufi.

"Hajja, ƙadangaru za ki ɗumama? Daidai bayan tsako ake sa shi."

"Su tsattsage shi, ka ce na ci maka dukiya?"

Ya sauko da shi, ya danna madannin na'urar har lamba ta nuna talatin da uku.

"Ki duba nan. Duk mako a rage uku, don gashi na fito musu. Wannan madannin na hagu."

"Ba na kallo."

"To rufe ido, ki ba ni yatsa."

Bayan la'asar tsakin suka bazu ko'ina cikin garin katako. Ba su cure wuri guda ba, ba su guje wa ƙwan ba. Hajja ta daɗe a bakin ƙofa, sannan ta yi dariya.

"Amaryar taka ta iya aiki. In sun girma, babban zakara naka ne."

"Biyu."

"Ɗaya, mayunwaci."

Washegari mota ta buge Sadisu kusa da mahaɗar Bata. Kafin magariba mun kai shi makwancinsa.

Bayan sadakar bakwai na raba kayansa. Tufafi ga abokai, littattafai ga ƙanwarsa Sharifa, akwatin kayan aiki ga Onyedika, wanda suke gyaran wuta tare. Na'urar kuwa Hajja ta hana a taɓa.

"Yadda hannunsa ya bar ta, haka za ta zauna."

Kwana biyu bayan haka tsakin suka koma jikin bango, baki buɗe, suna haki. Na ce, "Hajja, zafi ya yi musu yawa. Za su mutu."

Ta durƙusa da ƙyar, ta lalubo madannin hagu, ta danna sau uku. Ƙwan ya mutu.

"Ragon miji," ta ce. "Ka gudu ka bar ni da amarya."