Yadda Za Ka Fito a Fim ɗin Malte Dierksen

Kai da ka taɓa zama aji ɗaya da Malte Dierksen, ko ka taɓa riƙe masa keke, kakarka ta yanke saƙa. Tunda ya daina wasa, bayan ƙwallo ɗari uku da ya zura a raga, masu fim suka dawo ƙauyenmu neman waɗanda suka san shi tun yana da majina a hanci. Bi matakan nan, tabbas sai an gan ka a talabijin. An gwada su a kan Henning, mijin Wiebke, kuma sun yi aiki.

1. Nemo abin alfaharinka

Ba sai ka taɓa yin abin kirki ba. Henning gola ne a ƙungiyar yara, kuma shi Malte ya fara ci a duniya, ta tsakanin ƙafafu. Shekara ashirin da takwas yana ɓoye maganar. Yau har mai gidan burodi ta haddace ta.

"Ba don na buɗe ƙafa ba, da yanzu Malte yana gyaran famfo." Haka za ka riƙa cewa.

2. Kada ka duba kalanda

Masu fim za su ce Asabar, ƙarfe goma. Ce to nan take. Kalandar jikin firji, inda matarka ta zagaye Asabar ɗin da jan biro tun watan Maris, ado ce kawai.

"Henning, ranar ce fa 'yarmu Jette za ta shiga aji ɗaya," in ji Wiebke. "Bikin ƙarfe goma ne."

"Haba, tambaya biyu ce, in dawo."

"Ka taɓa ganin bikin makaranta ya jira wani a ƙasar nan?"

Buɗe firjin, ka yi kamar man shanu kake nema.

3. Yi ƙahon alawa da kanka

Kowane yaro yana shiga aji ɗaya rungume da ƙahonsa na kwali, mai kusan tsawonsa, cike da alawa da fensira, wanda iyaye suka liƙa da hannunsu. Wanda ya zo hannu wofi kuwa, hoton aji zai riƙa tuna masa har ya yi furfura. Abu biyu Jette ta roƙa: bushiya a jikin ƙahonta, kuma babanta ya riƙe hannunta har ƙofar aji.

Ƙwace aikin. Yi shi ja da fari, launin ƙungiyar Malte, ka manna ƙatuwar lamba tara ta rigarsa, sunan yarinyar a wuyansa.

"Baba, ina bushiyar?"

"Tana ciki, 'yar baba. Barci take."

Sirrin masana: ɗan shekara shida mantuwa gare shi. Tambayi duk wanda bai taɓa reno ba.

Wiebke ta kalli ƙahon sama da ƙasa. Ta dai sayi kwali ruwan ƙasa ta kai gidan surukarta.

4. Tafi da motar

Sa ƙahon a but ɗin mota tun Juma'a don kada a manta shi. Da safe ka cusa kanka cikin rigar gola, ka tsuke ciki, ka ja mota zuwa filin ƙwallo. Matarka da 'yarka da tsohuwarka ai suna da ƙafa. Kilomita biyu ce kacal, ruwan ma yayyafi ne.

5. Ba da abin da aka nema

Za a sa ka faɗi cikin taɓo sau goma sha ɗaya, ana kwaikwayon ƙwallon farkon nan. Malte zai iso a makare, ya dafa kafaɗarka: "A'a, Holger! Ba ka canza ba." Kada ka gyara masa suna. Manyan mutane ba sa son gyara.

Waya za ta yi ta ruri a jakarka. Sai a kira na bakwai za ka tuna abin da ke but. Ciro shi da gudu, ka tsaya riƙe da shi kana shawarar tafiya. A nan darakta za ta hango shi.

"Kai, gola, kawo nan! Malte, rungume shi, ka tuna mamanka."

Miƙa mata. Tarihi ne ke kiranka.

6. Zama kai ne aka ɓata wa rai

Henning ya isa makaranta sha biyu saura, taɓo har kunne, ƙaho a lanƙwashe, rabin alawar a cikin Malte. An gama hoto. Kakar Jette ce ta kai ta ƙofar aji. Ga yarinyar can rungume da ƙaho ruwan ƙasa, da bushiya mai ƙayar tsinken sakace.

"Wiebke, wato dama kin yi wani? Ba ki yarda da ni ba ke nan?"

"Na yarda da kai sosai," ta ce, tana goge wa Jette takalmi. "Shi ya sa na yi."

"Mama, ki ce wani abu mana!"

"Goge ƙafarka," in ji tsohuwar. "Makarantar mutane ce."

7. Tara jama'a ranar nunawa

Gayyato maƙwabta, ka gasa nama, ka ƙure sauti. A fim ɗin ƙahon ya yi minti biyu cur, Malte na zubar masa da hawaye, ga sunan JETTE ɓaro-ɓaro. Henning ya yi daƙiƙa uku, ta baya, ƙwallo na wucewa tsakanin ƙafafunsa. A ƙasa an rubuta: wani gola.

Ka ga alkawari ya cika.

Jette ta daɗe tana kallon allon.

"Baba, nan ka je ranar?"

"Nan ne, 'yar baba."

"Kuma ba ka ma kama ba?"

Gargaɗi

Mai wannan rubutu ta wanke hannunta daga duk abin da zai biyo baya, har da kundin hoton da za a buɗe nan da shekara ashirin ana tambayar ina kake. Kada a kawo mata ƙara, tana da yara da za ta kai makaranta. Ranar farko dai ba a maimaita ta. Fim ɗin kuwa ana maimaita shi duk Kirsimeti, sai ka zauna ka gani ko wannan karon za ka kama.