Yadda Ake Ɗauke wa Budurwa Ƙafa Ba a Ce Uffan Ba

Kai saurayi, matso kusa. Idan kana da budurwa, kuma ka kai matsayin da ƙarar wayarka ke faɗar maka da gaba, to ka zo wurin mai magani. Sunana Attahiru, mutumin Sabon Birni. Na yi maka alkawari, in ka bi matakan nan bakwai, za ka ɓace wa yarinyar nan kamar ba a taɓa haihuwarka ba. Babu faɗa, babu ban haƙuri, babu haɗa ido. Ba labari aka ba ni ba, a kaina na gwada, shekarar da ruwa ya ɗauke daidai lokacin da gero ke shirin fidda kai.

Mataki na 1: Ka yi alkawarin da ya fi ƙarfinka

Ba a ɓacewa daga inda ba a saba ganin mutum ba. Don haka ka fara nacewa. Ni Kadijatu na samu, ɗiyar Malam Sodangi na garin Isa, tana ɗinki a cikin gida. Wata bakwai ina hawa babur zuwa zance bayan la'asar, har karnukan unguwarsu suka daina yi mini haushi.

Ranar da aka yi ruwan shuka, na tsaya ƙofar gidansu na bugi ƙirji na ce, "Da an yanke gero za ni turo magabatana."

Ta rufe fuska da gyale ta ce, "Allah shi kai mu."

Ka lura da hikimar: na rataya aurena a wuyan hadari. Mai wayo kullum yana alkawari da abin da ba a hannunsa yake ba.

Mataki na 2: Ka jira sama ta ba ka dalili

Ni ban daɗe ina jira ba. Ruwa ya ɗauke kwana ashirin da shida. Geron gonata ta Kurawa ya murɗe kamar igiya. Muka fita roƙon ruwa har sau biyu, hadari ya haɗu baƙi ƙirin, muka fara murna, sai ya kaɗa ya yi Nijar.

Na tsaya tsakiyar gona na san ko abincin gida ba za ni samu ba, balle na aure. A nan wawa zai hau babur ya je ya gaya mata gaskiya. Kai ba wawa ba ne. Namiji ba ya buɗe baki ya ce ba shi da shi. Gara a neme shi a rasa.

Mataki na 3: Ka riƙa auna magana kamar hatsin fari

Kada ka yanke lokaci guda. In ta turo, "Ya gona?" ka ce, "Alhamdu lillahi." Gobe ka tura mata hoton babban yatsa kawai. Jibi ka bar saƙon ya kwana. In ta yi ƙorafi, ka ɗora wa sabis. A yankinmu sabis maraya ne, ba shi da mai tsaya masa, kowane laifi ka ɗora masa zai ɗauka.

Kadijatu ba ta gane da wuri ba. Har saƙon murya take turo mini tana ba ni labarin wata mata da ta kawo yadi ɗaya tana son riga da zane da kallabi. Na yi dariya ni kaɗai, ban amsa ba. In dariya ta zo maka, yi ta a ɓoye. Amsa ce haramun.

Mataki na 4: Ka canza hanya

Daga yau Isa ta haramta gare ka. Sai dai mutanen Isa suna da ƙafa. Wata ranar kasuwa na hango yayanta Halliru yana nufo inda nake. Na faɗa rumfar mai aski na zauna.

Mai aski ya dubi kaina ya ce, "Attahiru, ba jiya na aske ka ba?"

Na ce, "Ka bar saura."

"Ina?"

"Nema za ka yi."

Halliru ya tsaya cinikin goro a bakin rumfar kusan rabin sa'a. Mai aski ya yi ta kankarar fata har kaina ya koma kamar sabuwar ƙwarya. Kwana uku ban iya sa hula ba. Amma Halliru bai gan ni ba, kuma shi ne abin nema.

Mataki na 5: Ka cire sim

Wannan shi ne turken aikin. Na cire nawa na jefa cikin gwangwanin shayi, na shige zauren gidanmu na kwanta.

Abu ɗaya ne ba a so ka yi a wannan mataki: tunani. Musamman kada ka tuna abin da shiru ke nufi a ƙasarmu. A wani gari, in saurayi ya yi shiru, ana cewa ya samu wata. A tsakanin Isa da Sabon Birni, in mai babur ya yi shiru kuma wayarsa ba ta shiga, daji ake dubawa, wurin masu satar mutane. Ni dai ban tuna ba. Ka ga amfanin rashin tunani.

Mataki na 6: Ka shirya tarbar masu jaje

Kwana goma sha tara da cire sim, da hantsi, ina zaure ina shan fura, sai na ji sallama. Malam Sodangi ne da Halliru, sun sauke rabin buhun dawa daga babur. A shekarar fari, ka ji fa.

Malam Sodangi ya gan ni, sandarsa ta faɗi. Ya riƙe kafaɗuna biyu, idonsa ya cika da hawaye. "Allahu akbar! Yaro, yaushe anka sako ka?"

Na ajiye ludayin furar.

Baba ya fito daga cikin gida ya ce, "Malam, wa anka sako?"

"Attahiru mana. Mun ji shiru, munka ce mutanen daji ne."

Baba ya dube ni, ya dubi buhun. "Wanga? Sati ukku shina nan kwance shina ƙirga azara. Ko akuya ba ta kama shi ba."

Halliru ya ƙura wa kaina ido kamar yana son tuna inda ya taɓa ganin ƙeyar nan. Malam Sodangi ya ɗauki sandarsa a hankali. Ya ce Kadijatu ta yi azumi bakwai saboda ni, ta rufe keken ɗinki, ita ce ta matsa a ɗebo dawar nan daga ɗan abin da ya rage musu.

Baba ya ce su koma da dawarsu, don Allah. Malam Sodangi ya girgiza kai. "Jaje munka kawo, kuma jajen bai ɓaci ba. Allah shi ba ka haƙurin ɗa irin wanga."

Wata biyu muna cin dawar nan. Duk sa'ad da aka ajiye tuwo, Baba sai ya turo mini kwano ya ce, "Ci, jajenka ne."

Mataki na 7: Kada ka mayar da sim

Ni na mayar. Saƙon murya arba'in da ɗaya. Na farko-farko wasa ne. Na tsakiya faɗa. Daga na ashirin muryarta ta canza, ta daina tambayar dalili, sai addu'a: Allah shi sa suna ba ka ruwa, Allah shi sa ba su buge ka ba.

Na ƙarshe bayan dawowar babanta ne, kuma babu kuka a ciki. Ta ce, "Attahiru, na gode Allah da kana da rai. Geronmu ma ya ƙone, ka zaci ban sani ba? Tun kafin ka yi shiru na roƙi Baba shi ɗaga maka shekara guda, ya yarda. Fari ba laifinka ba ne. Amma kwana goma sha tara ina kukan mutumin da ke shan fura. Ni ban iya ɓacewa ba, shi ya sa nake gaya maka da bakina: kada ka dawo."

Na kira ta nan take, ina fatan ta ƙi ɗagawa, mu yi kunnen doki. Ta ɗaga.

"Ina jin ka."

Na yi ta ban haƙuri har numfashina ya ƙare.

Ta ce, "Na yafe maka. Sai an jima, ɗinki na jira na."

Da kakar shekarar da ta biyo baya ta auri wani malamin makaranta a Isa. An ce shi ma gonarsa ta ƙone a shekarar farin. Shi dai zuwa ya yi ya faɗa.

Jan kunne

Ni Attahiru, babu ruwana da abin da zai sami duk wanda ya bi waɗannan matakai, ko ciwon fatar kai ne, ko gorin uba, ko tuwon da ke tsaya wa mutum a wuya. Na ce za ka ɓace, ban ce za a ci gaba da nemanka ba. Mai ƙorafi ya kai wa sabis. Mai son ƙarin bayani kuwa ya kira ni, wayata a kunne take, kuma yanzu tun ƙarar farko nake ɗagawa. Masu kiran ne dai babu.