Rikiɗa Bayan Rikiɗa a Zauren Malam Bawa

Ko tsufa zai kwashe mini komai daga ka, ba zan taɓa mantawa da yammacin da Kawu Nomau ya leƙo daga zauren Malam Bawa a Anka, fuska a murtuke, ya yafito ni da hannu ba. Amma bari in faro daga tushe, don in na ba ku ƙarshen yanzu dariya za ku yi ku watse, babu wanda zai tsaya ya ji tausayina.

Ni ɗan Gummi ne. A lokacin ina koyar da Turanci a wata sakandare a Nasarawa Burkullu, ina kuma fama da wata cuta da asibiti ba ta da maganinta: tara manyan kalmomin Turanci. Wasu tattabaru suke kiwo, ni kalmomi. Duk wadda na ga ta yi tsawo ta yi wuyar faɗa, sai in haddace ta, in zauna jiran ranar da zan sauke ta a kan wani bawan Allah. Ana cikin haka aka turo mana ɗalibai masu koyon aikin malanta, a cikinsu akwai Luba, 'yar Anka. Ba ta da hayaniya. In dariya ta kama ta sai ta ja gefen hijabi ta rufe baki, idanunta su ci gaba da dariyar su kaɗai. Tun ganin farko na san na kamu.

Ofishin malamai zafi gare shi, don haka ƙarƙashin wani dogon-yaro muke zama lokacin tara. Wata rana na ga daga ni sai ita, na ce yau ce ranar fito da babbar kadarata.

"Luba, kin san ma'anar retransmogrify?"

Ta ɗago kai daga takardun da take dubawa. "Malam, kalma ta ko sunan magani?"

Na gyara zama. Na ce asalin kalmar rikiɗa take nufi, amma ba sauyi irin na yau da kullum ba. Rikiɗa ce mai ban mamaki, har da ban dariya, irin wadda za ka rantse da tsafi a ciki. Ɗan guntun da aka liƙa mata a gaba kuwa yana nuna an sake, wato abu ya rikiɗa, bai tsaya nan ba, ya ƙara rikiɗewa. Na ce su kansu masu harshen ba kasafai suke ɗauko ta ba, sai in suna son zolayar wani (wannan ɓangaren na zolaya ban ba shi muhimmanci ba a lokacin).

"To, ba ni misali," in ji ta.

Na ce gero ya zama gari, gari ya zama tuwo, tuwo ya kwana ya wayi gari ɗumame.

"Wanga ai girki na, Malam. Kai kac ce sai da ban mamaki. Ina abin mamaki ga ɗumame?"

Na juya kwanyata sama da ƙasa, babu misali. A ƙarshe na yi mata alkawarin zan nemo mata wanda ya dace, ta ce tana jira.

Wallahi ban taɓa jin daɗin rayuwa kamar na wannan zangon ba. Riguna biyu gare ni na zuwa aiki, duk sun koɗe, hannun kullum fari fat da alli, takalmina silifas. Mukan raba hoce da ƙuli-ƙuli, ta riƙa gyara mini Hausa ina gyara mata Turanci, wani lokaci mu zauna kawai muna kallon masu dawowa daga gona. Har yau in na ji ƙanshin ƙasa bayan ruwan sama, wannan inuwar ce take fara zo mini a rai. Da zangon ya ƙare za ta koma Anka, na yi ta maza na ce ina son in riƙa zuwa gida. Ta rufe baki da hijabi ta ce Asabar, bayan La'asar.

Sai ku ɗan saurara a nan, don a nan ƙafata ta zame. Luba 'yar fari ce a wurin Malam Bawa, tsohon malamin gona. Kunyar fari ta sa ko sunanta ba ya kira, sai dai "wagga yarinya", kuma in yana da magana da ita sai ta bi ta wurin Innarta. Mai zuwa zance kuwa, ba ya taɓa kallon fuskarsa. Zai ratsa zaure zai tafi sallar Magariba, kai ka zube ƙasa ka sunkuyar da kai, shi ya kau da fuska wajen bango ya amsa, ya wuce. Abin da yake gani a gefen ido shi ne tufafi da takalmi, abin da yake ji shi ne murya. Na san wannan al'ada sarai, a cikinta na tashi, amma ban taɓa zama na yi tunanin abin da take nufi ba.

Na ce ba a zuwa gidan surukai da rigar alli. Na ɗinka kwat da wando, har da igiyar wuya irin ta 'yan boko. Telan ya matse wandon, ta yadda in Malam Bawa ya fito ba na iya durƙusawa, sai in tsaya a wani hali tsakanin ruku'u da ciwon baya. Na jima ina zuwa a haka, ina gumi ina jin kaina wani babba, har ranar da Luba ta ce Inna ta ce Baba ya ce mai kwat ɗin nan bai iya gaisuwa ba.

Mai hankali wando zai sake. Ni sai na sake mutum. Asabar ta gaba na iso cikin farar jallabiya, hirami a kafaɗa, carbi mai dubu a hannu, na bar aske gemu, na yi wanka da turaren Makka. Da Malam Bawa ya fito na zube har ƙasa, na kauraro murya na ja sallama tun daga farkonta har ƙarshenta.

"Malam, Umra za ka?" in ji Luba bayan ya wuce, idanunta na dariya.

Bayan 'yan makonni ta tare ni da wata magana. "Baba ya aiko Inna, wai in rage tara jama'a ga ƙohwar gida."

"Jama'a? Su wa?"

"Ni ma ban sani ba. Kai na, sai Haliru mai shagon taki, shi ko tuni nic ce ya yi haƙuri."

Ita ba ta da bakin da za ta tambayi mahaifinta su wa yake nufi, Inna kuma ba ta leƙa zaure. Ni kuwa ban yarda da ita ba. Na hau babur kishi na cin raina, tun daga Anka har Nasarawa Burkullu ina ƙirƙiro fuskokin abokan takara. A shekarun nan masu haƙar zinari ne ke tashe. Saurayi zai shiga rami da yagaggen wando, ya fito ya sayi sabon babur, 'yan mata na leƙensa ta katanga. Na yanke hukunci cewa wanda take ɓoye mini ɗan zinari ne, kuma da irin makaminsa zan yaƙe shi.

Na ari sabon babur wurin wani abokina, na sa wandon jins da baƙin tabarau da wasu ƙattin takalma. A bakin gari na tsaya na ɗebi jar ƙasa na goga wa takalman, don a ɗauka daga rami nake (Allah Ya yafe mini, ni da ko rijiya ba na iya leƙawa). Na shiga layinsu ina danna oda. Abin da ban sani ba shi ne Malam Bawa yana da dangi a Tungar Guru, kuma tun shekarar da gubar dalma ta kwashe yara a can, ko zancen zinari ba ya son a yi a gabansa. Ranar Luba ba ta yi dariya ba.

"Malam, kana lahiya kuwa? Don Allah kak ka koma zowa hakanga."

Da na sake zuwa (da tabarau dai, don na fara jin daɗinsa) ta ce Baba ya ce jama'ar ƙaruwa take yi. Hankalina ya tashi. Na ce kafin wani ya riga ni, gara in tura magabata. Na kira ƙanen Innata, Kawu Nomau, ya taso daga Gummi da ƙwaryar goro, na goya shi a tsohon babur ɗina muka nufi Anka. Ranar ta musamman ce, don haka na ari babbar riga mai aiki da doguwar hula. Na sauke shi a ƙofar gida, na koma can nesa gindin wata tsamiya, tunda mai neman aure ba ya zama inda ake roƙa masa. Ina tsaye ina zaɓa wa 'ya'yanmu sunaye sai ga Kawu ya leƙo yana yafito ni.

Na shiga na durƙusa. Malam Bawa na zaune da wasu dattawa biyu, ƙwaryar goro a tsakiya ba a taɓa ta ba.

"Nomau, ka yi haƙuri da nis sa anka kira shi, na san ba al'ada ba ta," in ji Malam Bawa. "Amma samari ukku ka yi min sintiri ga ƙohwa, ban da Haliru da nis sani tun yana yaro. Akwai mai kwat, wanda gwiwatai ba ta taɓa ƙasa. Akwai ustazu, mai sallama awa za ya buɗe wa'azi. Akwai na ramin zinari, wanga kam ko ɗiya goma gare ni ba ni ba shi guda. Ina son in ga wane na naka cikinsu."

Sannan ya ɗago, karo na farko a rayuwarsa, ya dube ni. Ya dubi hular, ya dubi aikin rigar, ya daɗe yana kallon fuskata.

"Wanga kuwa ban taɓa ganinai ba. Na huɗu na?"

Kawu ya zungure ni da gwiwar hannu. "Kai, yi magana! Wane na kai?"

"Dut... dut ni na, Baba."

Malam Bawa ya gyara zama, ya fara lissafi da yatsu.

"Mai kwat?"

"Ni na."

"Ustazun?"

"Ni na."

"Har mai zinarin?"

"Shi ma. Amma ƙasa ta kawai nis shahwa ma takalman."

Ɗaya daga cikin dattawan ya ƙware da goron aljihunsa da yake taunawa, ya riƙa tari yana dukan cinya. Daga bayan ƙofar cikin gida na ji mata sun tuntsire. Kawu Nomau ya ja dogon salati, ya cire hularsa yana fifita. Ni kuwa na so ƙasa ta tsage in shige, da babbar rigar mutane da komai. Malam Bawa ne kaɗai bai yi dariya ba, kuma wannan ya fi yi mini ciwo.

"Ɗana, ni ban ƙi ka ba," ya ce a hankali. "Amma in nib ba ka ita, da wane za ta kwana, da wane za ta tashi? Ku ba mu lokaci, a tambayi wagga yarinya."

A hanyar komawa Kawu bai ce mini ƙala ba, ko kafaɗata ya ƙi riƙewa, ƙarfen bayan babur ya kama. Amma da ya isa Gummi bakin ya buɗe, don har a wurin suna sai da aka riƙa tambayata wanne ne ya zo a cikinmu.

Na koma Anka sau ɗaya. Kunya ta hana ni tunanin ado, na tafi da rigar aiki da silifas. Luba ta fito, ta tsaya tana kallona.

"Malam, ga shi ka cika alkawari, ka kawo misalin," ta ce. Ta so ta yi dariya, ta kasa. "An tambaye ni, na ce Haliru. Ba wanda yat tilasta ni. Na gaji da tsayuwa ga zaure ban san wa za ya zo ba." Ta dubi hannun rigata. "Wanda nika so bai taɓa zowa gidanmu ba sai yau, shi ko ya makara."

Na ja silifas ɗina na fita, na hau babur na kama hanyar Nasarawa Burkullu.

Shekaru sun tafi. Ina nan ina koyarwa, har yau ban yi aure ba, Innata ta gaji da faɗa ta koma addu'a. In tafiya Gusau ta kama ni, mota ta tsaya a tashar Anka, nakan leƙa ta taga in dubi hanyar unguwarsu, ba na sauka. An ce tana koyarwa a wata firamare, tana da yara. Ina yi mata fatan alheri, amma ƙarya nake in na ce ba na kewarta. Ina kewarta ƙwarai.

Darasin da na samu ba mai tsawo ba ne, kyauta nake ba samari. In za ka neman aure gidan da ba a kallon fuska, ka riƙe hula ɗaya da murya ɗaya, ko da ba su da kyau. Ni mutum huɗu na tura neman mace ɗaya, na bar wanda take so a gida yana yi musu guga.